Ranar da Tarmostat Ya Mutu a Gidan Ubaidullah

Akwai wani mutum a unguwar Khalidiyya a Madina, sunansa Ubaidullah. Haifaffen garin ne. Kakansa ne ya taso daga ƙasar Hausa ya zo aikin Hajji, ya ga Madina ya ce ba inda za shi. Ubaidullah yana da shagon dabino da carbi da turare a Uhudu, daidai inda motocin masu ziyara suke tsayawa. Yana samu, ba laifi. Amma da ana auna girman kai a sikeli yadda yake auna dabino, da sikelin ya karye.

Ku yi haƙuri idan kun ji zafi a bakina. Irin wannan halin yana ƙona min rai.

Mahaifiyarsa, Hajiya Ummukulthum, tsohuwa ce mai ciwon zuciya. An sallamo ta daga asibiti a tsakiyar bazara, irin zafin nan da mutum zai taɓa ƙofar mota ya fizge hannunsa. Likita ya ja kunnen 'ya'yanta: kada a bar ta a cikin zafi, ko na wuni ɗaya.

Yayarsa Suhaila ta ce ita za ta ɗauke ta.

"Gidanki?" in ji Ubaidullah a gaban dangi. "Gidan da mukayyif, na'urar sanyaya ɗaki ta taga, yake ruri kamar injin niƙa? Ni nawa markazi ne, Yaya, inji ɗaya mai sanyaya gida duka. Sanyin daga silin yake saukowa, ko ƙara ba za ki ji ba. Madanni ɗaya zan taɓa a bango. Kuma ni ne namiji, a gidana uwata za ta zauna."

Suhaila ta kalle shi sama da ƙasa.

"Na ji, namiji. Amma ka rubuta ka ajiye: ranar da Ummi ta wahala a gidanka, ranar zan zo da mota. Ba shawara, ba sallama."

Haka Hajiya ta tare a gidan Ubaidullah, shi kuwa yana ta hura hanci a cikin dangi.

To gidan bene ne. Shi da matarsa Marwa suna sama. A ƙasa akwai wata tsohuwa, Khala Ƙaltume, wato Inna Ƙaltume, mijinta ya rasu, 'ya'yanta duk sun yi aure. Ƙawar Hajiya ce tun suna 'yan mata. Tana da ɗan hoshi, wato tsakar gida, kuma bututun da yake fitar da ruwan mukayyif ɗin Ubaidullah ta bangon hoshin nan ya sauko. Ruwan yana ɗiga a banza. Sai tsohuwa ta jera tukwanen na'ana'a a ƙarƙashinsa. Duk wanda ya dafa shayi a layin, da na'ana'arta yake dafawa, har shi Ubaidullah ɗin.

Wata rana da la'asar ya dawo ya ajiye jibgegiyar motarsa a bakin ƙofarta, ya toshe mata hanya. Ba ranar ya fara ba. Khala Ƙaltume ta fito da sandarta, daidai lokacin da maza suke dawowa daga masallaci.

"Ubaidu, ka gyara motar nan. Ta ina kake so in fita, ta taga?"

"Khala, minti biyu kawai."

"Minti biyunka na jiya sai da gari ya waye. Ka ga, ni na san ka tun kana yawo ba wando a Uhudu, majina har baki. Kada ka yi min fankama da mota."

Maza suka yi dariya. Dariya ce kawai, irin wadda ake yi a wuce. Amma a kunnen Ubaidullah kamar an kwaɗa masa mari a kasuwa.

Ku ji abin da ƙato da gemunsa ya yi. Ya hau sama, ya samo guntun katako, ya naɗe shi da leda, ya ɗauko guduma da gam. Ya sauko ya banka ƙofar hoshin tsohuwa ba sallama. Ya cusa katakon nan a bakin bututu, ya buga shi da guduma har ya nutse, ya shafe da gam.

"Ruwan mukayyif ɗina ne! Wutata ce take samar da shi! Daga yau ko ɗigo ba za ki ƙara gani ba. Kuma wallahi, tallahi, ƙafata ba za ta sake taka hoshin nan ba!"

Khala Ƙaltume ta dogara da sanda tana kallonsa.

"To ya waladi, ɗana, bututunka ne, ni ba zan taɓa ba. Ka ja min ƙofa idan ka fita."

A garin Manzon Allah fa! Garin da mutane suke tsayawa a bakin titi suna roƙon baƙo ya karɓi ruwan sanyi kyauta. A nan wani ya hana tsohuwa ruwan da shi kansa zubarwa yake yi.

Yanzu bari in faɗa muku abin da shi bai sani ba, don ku bi ni daidai. Injin mukayyif irin nasa a cikin silin yake. Yana aiki yana tsatso ruwa, ruwan yana taruwa a wani tire, daga tiren ya bi bututu ya fita. A cikin tiren akwai wani ɗan abu mai tasowa a kan ruwa, awwama ake ce masa. Idan ruwa ya rasa hanya ya cika tire, awwama tana tasowa ta yanke wutar da take zuwa tarmostat, wato ɗan akwatin nan na bango da ake ƙara sanyi ko rage shi. Masu ƙera abin sun yi haka ne don kada ruwa ya rusa wa mutum sili a ka.

Iskar Madina busasshiya ce, saboda haka sai da aka kwana biyu kafin tiren ya cika. Ubaidullah har ya manta.

Wata safiya yana shirin fita shago, sai ya ji gumi a wuyansa. Ya je bango ya duba. Fuskar tarmostat baƙi ƙirin. Ya danna sama, shiru. Ya danna ƙasa, shiru. Ya danna da ƙarfi har yatsansa ya yi fari.

"Marwa!"

Ta fito daga kicin tana goge hannu. Ita ma haihuwar Madina ce, Hausarta rabi da rabi, da alkunya take kiransa irin ta Larabawa.

"Na'am, Abu Bakri. Esh fi, me ya faru?"

"Waye ya taɓa wannan?"

"Ba wanda ya taɓa."

"Ƙarya ne! Jiya na gan ki da jiƙaƙƙen tsumma kina goge bango. Kin ɗura masa ruwa!"

"Wallahi ban kai wajen ba."

"Ko kuma turaren wutar nan naki. Kullum hayaƙi, kullum hayaƙi, kamar gidan gasa tsire. Kin shaƙe shi!"

Marwa ta koma kicin. Ta san mijinta. Idan ya hau, ko limamin unguwa ba ya sauko da shi.

Ya ɓalle fuskar tarmostat, ya ga yana da batir. Ya ciro na rimot ɗin talabijin ya sa. Shiru. Ya ce batiran ne na banza, ya sauka baƙala, kantin unguwa, ya sayo sababbi. Shiru. Ya juya su kai da gindi, wai ko ya yi kuskure. Shiru.

Ya tafi ɗablon, akwatin makunnan wutar gida. Duk makunnan suna sama, ba wanda ya faɗi. Duk da haka ya kashe su gaba ɗaya ya sake kunnawa. Firiji ya tashi, fitilu suka kama, injin wanki ya yi ƙara. Tarmostat ko ƙyaftawa bai yi ba.

Ya buɗe waya ya ga wani yana cewa a tsikari ɗan ramin da ke gefe da allura a riƙe. Ya tsikara har allurar ta lanƙwashe.

Duk wannan abin, rana tana ɗagawa. Bango ya fara ɗaukar zafi. Daga ɗakin ƙurya Hajiya ta kira a hankali.

"Ubaidu, an ɗauke wuta ne?"

"A'a Ummi, ƙaramin abu ne. Yanzu zan gyara."

Marwa ta jiƙa tawul ta ɗora mata a goshi, ta jawo wata tsohuwar fanka ta kunna. Fankar iskar zafi kawai take juyawa. Ta fito ta rage murya.

"Abu Bakri, mu kai Ummi ƙasa wajen Khala kafin a gyara. Ɗakinta da sanyi."

Ya juyo kamar ta zage shi.

"Ki sake faɗa in ji! Uwata ta shiga gidan matar da ta tozarta ni a gaban maza? Ki kuskura. Kuma idan Yaya Suhaila ta ji labarin nan, na san daga bakin wa ya fita."

Ya kira mai gyara. Mai gyara ya ce bazara ce, kowa nasa ya lalace, sai jibi in Allah ya yarda. Ya zage shi ya kashe waya. Ya kira wani, shi ma haka. Sai ya yanke wa tarmostat hukunci: ya mutu, jabu ne, masu sayarwa ɓarayi ne. Ya fizge shi daga bango har fenti ya biyo shi. Ya shiga mota ya je ya sayo sabo fil, ya dawo yana gumi, ya bi launin wayoyi ya haɗa ja da ja, kore da kore, ya ɗaure.

Ya danna.

Baƙi ƙirin.

Ku tsaya ku gani. Ya zargi matarsa, ya zargi turare, ya zargi batir, ya zargi mai baƙala, ya zargi kamfani. Mutum ɗaya ne bai zarga ba, kuma shi ne mai guduma.

Sai bayan azahar tunani ya zo masa cewa tun da sabo ma bai kama ba, to wuta ce ba ta isowa bangon. Ya sa Marwa ta riƙe masa tsani, ya tura murfin silin da ke baranda, daidai ƙofar ɗakin Hajiya, ya zura kai da fitilar waya.

Tire cike da ruwa har baki. Awwama ta taso tana lilo a kai, wayoyinta biyu sun bi sun shiga inji.

"Me ka gani?" in ji Marwa daga ƙasa.

"Ruwa ne."

"Ruwa? To ta ina yake fita da?"

Sai katako da guduma suka faɗo masa a rai.

Marwa ta saki ajiyar zuciya. Ita ma ta gane.

"Ya Abu Bakri. Katakon."

"Na ce ki yi magana?"

"Khalas, shi ke nan, abin ya zo da sauƙi. Ka sauka ka ce salamu alaikum Khala, ka zare shi. Ko ni ka bar ni in je."

"Gam na sa, ba za ki iya ba. Kuma ba za ki je ba! So kike gobe layin nan kowa ya ji cewa Ubaidullah ya toshe bututu ya dawo yana roƙo? Ni da na rantse?"

Hajiya tana jin su, ƙofarta a buɗe take. Muryarta ta fito a raunane.

"Ubaidu, rantsuwar fushi ai kaffara ake yi mata. Wanda ya rantse sannan ya ga abin da ya fi alheri, alherin yake yi, ya ciyar da miskinai. Dabino ne da kai har rufi. Ka sauka, ɗana."

Jama'a, a nan ne jarrabawar take. Kafin wannan lokacin za mu iya cewa jahilci ne, bai sani ba. Yanzu ya sani. Ya ga ruwan da idonsa. Uwarsa tana kwance tana haki, ta ba shi fatawa ta ba shi mafita. Matakalar bene ce kawai tsakaninsa da gyara.

Ya ce, "Ummi, ki bar min wannan. Aikin maza ne."

Ya sa aka miƙo masa filaya. Ya yanke wayoyin awwama biyun nan, ya feɗe bakinsu, ya murɗe su wuri ɗaya, ya naɗe da salatif. Wato ya ɗaure bakin mai gadin da yake ihu. Ya tsoma tsumma ya ɗan rage ruwan tiren, ya matse a bokiti, ya rufe murfi ya sauko.

Tarmostat ya yi ƙyas ya kama. Inji ya tashi. Sanyi ya fara saukowa.

Ya buɗe hannuwa a tsakiyar falo.

"Kun gani? Ba mai gyara, ba Khala, ba kaffara. Kai ne, Marwa, kai!" Yana nuna goshinsa da filaya.

"To ruwan fa?"

"Zan riƙa kwashewa."

Ya kwashe a ranar. Washegari ya kwashe da safe yana tsaki. Daga nan motocin masu ziyara suka cika Uhudu, ciniki ya buɗe, kwasar ruwa ta bi iska. Shi kuma don ya nuna abinsa yana aiki, ya sauke tarmostat can ƙasa, inji ba ya hutawa dare da rana.

Marwa ce ta fara ganin tabo a silin, ruwan ƙasa-ƙasa, kamar an zubar da shayi. Ta nuna masa.

"Tsohon tabo ne."

"Jiya babu shi."

"Marwa, kin zama injiniya ne? Ki je ki duba girkinki."

Washegari tabon ya yi faɗin faranti, tsakiyarsa ya kumbura. Ta ɗauki hoto ta tura masa a shago. Ya gani, bai amsa ba. Ta kashe mukayyif ɗin, ɗakin Hajiya ya ɗau zafi nan da nan, dole ta sake kunnawa. Ta ja tsani za ta hau da kanta, murfin ya kumbura ya ƙi turuwa.

Ana kiran azahar Hajiya ta tashi za ta yi alwala. Tana tafiya da ƙarfen nan mai ƙafa huɗu da tsofaffi suke dogarawa. Ta zo daidai ƙofar ɗakinta.

Silin ya ɓarke.

Jiƙaƙƙen jibis, farin allon silin, da ruwa suka zubo gaba ɗaya. Wani ɓangare ya daki kafaɗarta, ƙarfen ya zame a kan tayil, tsohuwa ta zube ƙasa. Ruwan ya shiga fitilar baranda, aka ji tas, wutar gidan duka ta ɗauke.

Marwa ta fito da gudu tana salati. Ta kama Hajiya za ta ɗaga, ta kasa. Ta kira mijinta, waya tana ta ringi, yana can yana ciniki da alhazai. Ta sake kira, bai ɗauka ba. Sai ta buɗe taga ta ƙwala ihu.

"Khala! Khala Ƙaltume! Ilhaƙini, ki taimake ni!"

Tsohuwar da take tafiya da sanda, ranar ba a san yadda ta hau benen nan ba. Ta shigo ko mayafi ba ta gyara ba. Ta durƙusa a cikin ruwa.

"Kulsum! Kulsum, kalle ni. Ina ne yake ciwo? Motsa ƙafar in gani. Yawwa. Ɗayar fa? Alhamdu lillahi, ba karaya. Tashi, tsohuwar banza, ba yau za ki bar ni ba."

Hajiya tana rawar jiki, amma sai da ta yi ɗan murmushi.

Su biyu suka tallafe ta, Marwa a dama, Khala a hagu, suka sauko da ita matakala ɗaya bayan ɗaya, suna hutawa. Khala ta kwantar da ita a kan gadonta, ta canza mata kaya da nata, ta shafa mata man zafi a kafaɗa. Marwa ta koma sama ta kwaso magunguna. Sannan ta ɗauki waya ta kira Suhaila.

Sai da ciniki ya lafa Ubaidullah ya duba waya. Ya bar shago a buɗe ya taho. Ya haura sama ya tarar da ƙofa a wangale, gida duhu, zafi kamar tanda, baranda cike da farin taɓo, ƙarfen uwarsa a kwance a ciki. Ya sauko da gudu.

Ƙofar hoshin Khala a buɗe take. Yana hango labulen ɗakin da uwarsa take ciki.

Ya zo bakin ƙofar, ya ja birki.

Ya tsaya! Yatsun ƙafarsa a kan dokin ƙofa, ya ƙi tsallakawa. Daga nan yake ɗaga murya.

"Ummi! Ummi, lafiya? Marwa, fito min da ita!"

Khala Ƙaltume ta ɗaga labule.

"Shigo mana, Ubaidu. Uwarka ce a ciki."

"Na rantse, Khala."

"Ni ban riƙe ka da komai ba. Shigo."

"Ku dai fito da ita. Zan kai ta otal, babban otal kusa da Harami, har a gyara gidan."

Sai muryar Hajiya ta fito daga ɗaki. Ba ta ɗaga ta ba, amma har bakin titi an ji.

"Ƙaltume, ƙyale shi. Kada ki sa shi ya karya abin da ya fi ƙauna."

Yana nan tsaye motar Suhaila ta shigo layin. Ta fito, ta bi ta gefensa kamar turken wuta ne a wajen, ta shiga. Ba a jima ba suka fito da Hajiya a tsakiyarsu, sanye da doguwar rigar Khala, hannu ɗaya a rataye da mayafi. Maƙwabta sun fito ƙofofinsu. Waɗanda yake tsoron su ji labari, ga su nan suna kallo da idonsu.

"Yaya, ki saurare ni. Tsautsayi ne. Silin ne ba shi da ƙwari, masu ginin nan..."

Suhaila ta juyo.

"Rufe min baki, Ubaidullah. Marwa ta faɗa min komai, har katakon. Za mu biya asibiti a duba kafaɗar, daga can gidana. Idan kana son ganinta ka san hanya. Ko can ma ka rantse?"

Ya zagaya wajen tagar motar, ya riƙe gilashi.

"Ummi, ki ce wani abu. Gobe-goben nan zan gyara komai. Ki ce za ki dawo."

Hajiya ta dube shi. Ba fushi a fuskarta, gajiya ce kawai.

"Na faɗi a ƙasa, Ubaidu, ina kiran sunanka. Da ka zo, ina jin numfashinka a bakin ƙofa. Taku nawa ne?"

Ya saki gilashin.

"Ja motar, Suhaila."

Motar ta tafi. Maƙwabta suka shige ɗaya bayan ɗaya, ba wanda ya ce masa sannu.

Sai a lokacin, da ba sauran wanda zai shiga dominsa, ya tsallaka dokin ƙofar. Ya nufi bututun. Ya kama katakon da hannu, ya ƙi fita. Khala Ƙaltume ta shiga ɗaki ta ɗauko masa filayar marigayi mijinta, ta miƙa masa. Ya murɗa, ya ja, ya sake murɗawa. Katakon ya fito, ruwan da ya kwana a bututu ya feso masa a ƙirji, baƙi, mai wari, ya ɓata farar rigarsa har ƙasa.

Ya tsaya a jiƙe.

"Khala, ki yafe min."

"Ni na yafe tun ranar. Tawa mai sauƙi ce, ya waladi. Ka je ka nemi mai wuyar."

An gyara silin. An mayar da awwama yadda take. Ya yi kaffararsa. Tarmostat yana nan a bango yana haske, ko yatsa ka ɗora masa zai amsa, sanyi yana saukowa ba ƙara. Marwa takan shiga ɗakin ƙurya ta kakkaɓe gadon, ta ja ƙofa. Har yau ba wanda yake kwana a kai.

Darasi: Idan abu ya mutu a gidanka, kafin ka zagi matarka da mai gyara da kamfani, ka tambayi kanka me hannunka ya toshe. Muguntar da ka yi wa maƙwabci ba a gidansa take taruwa ba, a saman kanka take taruwa. Kuma rantsuwar da ta hana ka isa wurin mahaifiyarka ba tsoron Allah ba ce, girman kai ne ya sa rawani: ka karya ta, ka yi kaffara, ka ce "na yi kuskure" tun akwai wanda zai ji. Ku tura wa 'yan'uwa, musamman wancan da kuka sani, wanda ya fi shekara ba ya gaisawa da maƙwabcinsa a kan abin da bai kai ya kawo ba.